Marco Müller: furodusan da ya riƙe bikin fim a hannu ɗaya, jari a ɗaya hannun

A watan Maris na 2002 wani fim kan yaƙin Bosniya, No Man's Land, ya ci kyautar Oscar ta fim ɗin da ba da Turanci aka yi shi ba. Shi ne dogon fim na farko na ƙagaggen labari da daraktansa Danis Tanović ya yi. Bosniya ce ta miƙa shi gasa, amma a Sulobeniya aka ɗauke shi, kamfanin da ya ja ragamar aikin, Noé Productions, na Faransa ne, sauran masu hannun jari kuma sun fito daga Italiya da Beljiyam da Birtaniya da ita kanta Sulobeniyar. A ɓangaren Italiya sunan Marco Müller ne a rubuce, mutumin da bai daɗe da sauka daga shugabancin bikin fina-finai na Locarno ba, wanda kuma bayan shekara biyu zai karɓi na Venice.

Wannan zirga-zirgar tasa tsakanin kujerar mai zaɓen fim da ta mai neman kuɗin fim ita ce abin dubawa. A Kano idan aka ce furodusa, yawanci ana nufin wanda ya zuba kuɗinsa ko ya samo alhajin da zai zuba. A harkar fim ɗin Turai furodusa mai haɗa karo-karo ne: nasa kuɗin kaɗan ne, wani lokaci ma babu, aikinsa shi ne ya riƙe haƙƙin labari, ya tara kuɗi daga wurare biyar ko shida, ya sa hannu a yarjejeniya, ya kuma ɗauki alhaki idan fim bai kammala ba. Müller ya fi yawancin tsaransa gane cewa biki yana iya zama wurin da ake fara tara wannan karo-karon, maimakon ya tsaya a matsayin rumfar da ake baje kaya bayan an gama.

Daga Sin zuwa Rotterdam

An haife shi a Roma a 1953. Ya karanci harshe da al'adun Sin, ya je can karatu a tsakiyar shekarun 1970, a ƙarshen zamanin Mao, lokacin da 'yan Turai ƙalilan ne ke samun izinin zama. Ya dawo yana jin Sinanci, ya kuma kalli tsofaffin fina-finan ƙasar da Turai ba ta ma san da su ba. A 1982 ya shirya baje kolin fina-finan Sin sama da ɗari a Turin. Daga nan ya riƙe bikin Pesaro a ƙarshen shekarun 1980. Jarinsa na farko ke nan: yana iya zama da darakta ko jami'in gwamnati a Beijing ba tare da tafinta ba.

Hubert Bals, wanda ya kafa bikin Rotterdam na ƙasar Holan a 1972, ya rasu a 1988. Müller ne ya shirya bikin na 1990 da na 1991. Zama ne gajere, amma a lokacin ne abubuwa biyu da Bals ya dasa suka fara tsayawa da ƙafafunsu, kuma su ne suka sauya harkar.

Na farko asusun tallafi ne mai sunan Bals, na masu shirya fim daga Afirka da Asiya da Latin Amurka da Gabas ta Tsakiya da wasu sassan gabashin Turai. Kuɗin da yake bayarwa ba su taka kara sun karya ba. Shekaru da yawa tallafin rubuta labari da shirya aiki bai wuce yuro 10,000 ba, abin da ba zai biya ko mako ɗaya na ɗaukar fim a Turai ba. Amfaninsa yana wani wuri. Da waɗannan kuɗin darakta zai sayi watanni na zaman rubutu, ya biya mai fassara labarin zuwa Turanci ko Faransanci, ya je ya ɗauko hotunan lokeshan, ya haɗa kundin aiki mai kasafin kuɗi da jadawali. Sama da haka akwai hatimin. Jami'in gidan talabijin na Jamus ko Faransa da ke da kundi ɗari a kan tebur zai fara buɗe wanda wani kwamiti da ya yarda da shi ya riga ya tace. Asusun ma ba sadaka zalla yake yi ba: ya daɗe yana karɓar haƙƙin nuna fim ɗin a Holan da Beljiyam da Luksambag a madadin kuɗinsa.

Na biyu kasuwar CineMart. Da farko kasuwa ce ta fina-finan da aka gama, daga baya aka juya ta zuwa kasuwar fina-finan da ba a ɗauka ba tukuna. Ana zaɓen ayyuka 'yan gomomi, a buga su cikin kundi, a aika wa masu kuɗi kafin su taso, sannan a tsara ganawa ɗaya bayan ɗaya, kowace gajera, na tsawon kwanaki. Cinikin biri a sama ne, kowa ya sani, shi ya sa ake duba abu uku kafin a yi maganar labari: wa ke riƙe da haƙƙin labarin a rubuce, nawa aka riga aka samu daga gida, wane fim daraktan ya taɓa gamawa. Aikin da ya zo babu ko sisi daga ƙasarsa yakan koma da katunan adireshi kawai. Bukukuwa da yawa sun kwaikwayi wannan tsari daga baya, har da Busan da Berlin.

Akwai haɗarin da ba ya cikin kasafin kuɗi. Zhang Yuan ya yi fim ɗinsa Beijing Bastards a wajen tsarin situdiyon gwamnati, da taimakon asusun Bals, aka nuna shi a Locarno a 1993. A 1994 hukumomin Sin suka sa sunansa da na wasu daraktoci, ciki har da Tian Zhuangzhuang da Wang Xiaoshuai, cikin waɗanda aka hana yi wa aiki, saboda fitar da fim waje ba izini. Shugaban biki ya samu yabon jarumta a jaridun Turai, darakta ne ya koma gida ya tarar an rufe masa ƙofa. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Locarno da Fabrica

Daga 1992 zuwa 2000 Müller ya shugabanci Locarno a Suwizalan, bikin watan Agusta da ake nuna fim a dandalin tsakiyar gari ga mutum kusan 8,000 a dare ɗaya. Ya kafa gidauniyar Montecinemaverità, ƙanwar asusun Bals a aiki. Ya shirya baje kolin ayyukan daraktan Iran Abbas Kiarostami a 1995, ɗan ƙasarsu Jafar Panahi ya ci Damisar Zinare, babbar kyautar bikin, a 1997, a 2000 kuma kyautar ta tafi ga fim ɗin Wang Shuo da aka hana nunawa a Sin, wanda aka ɓoye sunansa daga jadawali har zuwa ƙurarren lokaci don kada a samu damar dakatar da shi.

Tun yana kan wannan kujera, a ƙarshen shekarun 1990, ya karɓi sashen fim na Fabrica, cibiyar da kamfanin tufafi na Benetton ya kafa kusa da Treviso. Nan ya zama furodusa sosai. Fabrica ba ta ɗaukar nauyin fim gaba ɗaya. Tana shiga da ƙaramin kaso, sau da yawa a matakin da fim ya fi mutuwa, wato bayan an gama ɗauka kuɗi sun ƙare, saura tacewa da haɗa sauti da gyaran launi da wanke fim a ɗakin gwaji. A ƙasashe da dama ana iya ɗaukar fim da arha, amma waɗannan ayyukan na ƙarshe da kuɗin waje ake biyansu. Wanda ya biya su ya ceci fim, kuma yana da bakin magana kan inda za a fara nuna shi.

Sakamakon cikin shekara uku: fim ɗin Yeşim Ustaoğlu ta Turkiyya ya samu kyauta a Berlin a 1999, na Aleksandr Sokurov na Rasha ya ci kyautar rubutun labari a Cannes a wannan shekarar, Zhang Yuan ya ci ta darakta a Venice, Samira Makhmalbaf ta Iran ta samu kyautar alƙalai a Cannes a 2000 tana da shekara ashirin. Daga Afirka ta Yamma akwai Adanggaman na Roger Gnoan M'Bala ɗan Kwaddebuwa, kan hannun sarakunan Afirka a cinikin bayi. A lura da inda waɗannan fina-finai suka tafi: Berlin, Cannes, Venice. Mutumin da ke da biki a hannunsa yana kai kayansa rumfar wasu. Dalili biyu ne. Sa fim ɗinka a gasar da kai ka zaɓi alƙalanta abin kunya ne, sannan masu sayen fim sun fi taruwa a Cannes fiye da Locarno nesa ba kusa ba.

Yadda ake ɗinka fim irin na Tanović

Haɗin gwiwar ƙasashe yana da doka. Yarjejeniyar Majalisar Turai (Council of Europe) ta 1992 ta ce idan ƙasashe uku ko fiye suka haɗu, mafi ƙanƙantar kaso shi ne 10 cikin ɗari, mafi girma 70. Idan biyu ne, 20 da 80. (An sassauta a 2017, ƙaramin kason ya sauka zuwa 5 ga masu haɗin ƙasashe da yawa.) Ribar bin wannan doka ita ce fim ɗin ya zama ɗan ƙasa a kowace ƙasar da ta shiga, ya cancanci tallafin gwamnatinta da kuɗin gidajen talabijin ɗinta, ya kuma iya neman Eurimages, asusun Turai na tallafa wa fina-finan haɗin gwiwa.

Kowane kuɗi da igiyarsa yake zuwa. Ƙasar da ta ba da tallafi tana son a kashe shi a cikinta, a ɗauki 'yanta aiki. Shi ya sa za ka ga mai kyamara ɗan wata ƙasa, mai tacewa 'yar wata, haɗa sauti a ta uku. Wannan yana ƙara kuɗin jirgi da masauki da lauyoyi, har fim ɗin haɗin gwiwa ya fi tsada a kan wanda ƙasa ɗaya ta yi. Ga kuma canji. A shekarar 2000 faran ɗin Faransa da na Beljiyam da lirar Italiya an riga an ɗaure su da yuro, amma fam na Ingila yana yawonsa, don haka kason da aka yi alkawari da fam yana iya raguwa ko ƙaruwa kafin ranar biya.

Babban ciwon kai shi ne lokaci. Ma'aikata mako-mako ake biyansu, tallafin gwamnati kashi-kashi yake fita, gidan talabijin kuwa sau da yawa sai an miƙa masa fim a kammale. Furodusa sai ya kai takardun alkawarin banki ya ci bashi a kansu, da ruwa. Idan ɗaya daga cikin abokan haɗin ya janye ana saura mako uku a fara, ba kasonsa kaɗai ya tafi ba: lissafin kashi cikin ɗari ya rushe, kuma tallafin sauran ƙasashen da aka gina a kan wannan lissafin yana iya rushewa tare da shi.

Bayan an gama sai zaɓen biki, kuma harsashi ɗaya ne a bindigar. Rotterdam a ƙarshen Janairu, Berlin a Fabrairu, Cannes a Mayu, Locarno a Agusta, Venice daga ƙarshen Agusta zuwa farkon Satumba, Toronto na biye da ita. Gasar Cannes ba ta karɓar fim ɗin da aka nuna a wajen ƙasarsa ko a wani bikin duniya, kuma dole a cikin wata goma sha biyu kafin bikin aka kammala shi. Venice tana son ya zama ba a taɓa nuna shi ko'ina ba. Furodusan da ya amsa gayyatar ƙaramin biki a Nuwamba saboda an ba shi tikitin jirgi da otal ya rufe wa kansa waɗannan ƙofofin. Wanda kuma ya ƙi gayyatar Berlin yana jiran Cannes, Cannes ta ce a'a a Afrilu, ya yi biyu babu, fim ɗinsa ya fara tsufa a kan kanta.

No Man's Land ya shiga babbar gasar Cannes a Mayun 2001, ya ci kyautar rubutun labari, kamfanin United Artists ya fitar da shi a Amurka, daga nan hanyar Oscar ta buɗe. Sai dai shiga gasa kashe kuɗi ne kafin samu. A wancan zamanin kwafin fim na milimita 35 faifai biyar ko shida ne, kowane kusan minti ashirin, nauyinsu ya haura kilo ashirin, kuma Cannes tana buƙatar fassarar Faransanci a jikin hoton, ta Turanci a ƙarƙashin allo. Ƙara mai hulɗa da 'yan jarida, fastoci, kawo 'yan wasa. Sannan mai saye ba zai biya ba sai an miƙa masa cikakkun kaya: sautin kiɗa da motsi daban da muryoyi don a iya juya fim zuwa wani harshe, jerin maganganu da lokutansu, da takardun da ke nuna yadda haƙƙi ya taso daga marubuci har zuwa kamfani. Kuskuren da ya fi yawa shi ne waƙa. An biya izinin amfani da ita a bukukuwa kawai saboda ya fi arha, fim ya ci kyauta, mai waƙar ya ji labari, farashi ya ninka.

Kuɗin da ke dawowa ma layi suke bi, furodusa kuma a ƙarshen layin yake. Gidan sinima ya riƙe kusan rabin kuɗin tikiti ko fiye. Mai rarrabawa a ƙasar ya cire la'adarsa, da abin da ya kashe a talla da kwafi, da kafin alƙalamin da ya biya tun farko. Dillalin da ke sayar da fim ƙasa-ƙasa ya ɗauki nasa, yawanci tsakanin 15 zuwa 25 cikin ɗari, ya kuma cire kuɗin zuwa kasuwanni. Idan ba a sa wa wannan kuɗin iyaka a cikin yarjejeniya ba, shi kaɗai yana iya cinye cinikin ƙananan ƙasashe. Abin da ya rage shi ake raba wa masu jari. Shi ya sa furodusoshin wannan fanni suke rayuwa da ladan aikinsu da ke cikin kasafin fim, riba kuwa sai dai in ta zo.

Venice, da tambayar da ba ta mutuwa

A 2004 aka ba Müller bikin Venice, mafi tsufa a duniya, wanda aka fara a 1932. Shekarar farko ta zo da ruɗani: an cika jadawali da manyan fina-finai fiye da abin da zaurukan tsibirin Lido za su iya ɗauka, jinkirin wannan ya hau kan na wancan, har wani babban fim na Amurka bai fara ba sai wajen ƙarfe biyun dare. Ya rage yawan fina-finai a shekarar da ta biyo baya. Ya yi shekara takwas a kujerar.

Dabarar Locarno ta biyo shi. A 2006 Still Life na Jia Zhangke, wanda aka ɗauka a wani garin Sin da ruwan madatsar Three Gorges ke haɗiyewa, ya shiga gasa a matsayin fim ɗin ba-zata ana dab da rufe biki, ya kuma ɗauke Zakin Zinare, babbar kyautar bikin. Shekarar da ta gabata Ang Lee ne ya ci, shekarar da ta biyo baya ma shi ne, a ƙarƙashin alƙalan da Zhang Yimou ya shugabanta. A 2011, shekararsa ta ƙarshe, Zakin ya tafi ga Sokurov, wanda Müller ya taɓa zama furodusansa fiye da sau ɗaya.

Ba shugaban biki ne ke ba da kyauta ba, alƙalai ne, kuma fim ɗin Sokurov na 2005 da sunan Müller ke cikin furodusoshinsa a Berlin ya yi gasa, bai zo Venice ba. Ta fuskar ƙa'ida hannunsa a wanke yake. Amma shugaban biki ne ke zaɓen fina-finai kusan ashirin da za su yi gasa, shi ke ba da sunayen alƙalai, shi ke yanke wa kowane fim rana da sa'a, kuma duk mai harkar ya san bambancin daren Asabar ta farko da ranar da 'yan jarida suka riga suka wuce Toronto. A ganinmu zargin son kai bai kama shi ba, abin da ya kama tsarin gaba ɗaya shi ne ƙanƙantar da'irar: asusu ɗaya ya ba da kuɗin rubutu, kasuwa ɗaya ta haɗa masu jari, mutanen da suka san juna shekara ashirin suka zaɓa suka kuma saka wa. Daraktan da ke wajen da'irar yana iya fin na ciki gwaninta, ba a dai taɓa buɗe kundinsa ba. Wasu masu suka kuma suna cewa tsarin ya haifar da wani nau'in fim da ake yi don idon kwamitin Turai, wanda mutanen garin da aka ɗauke shi ba za su taɓa gani a sinima ba. Maganar tana da ƙamshin gaskiya, ko da yake yawancin waɗannan fina-finai da babu tallafin ba za a yi su ba sam.

Abin da Müller bai iya gyarawa a Venice ba shi ne gini da kasuwa. An fara haƙa harsashin sabon zauren biki, aka ci karo da sinadarin asbestos a ƙasa, aiki ya tsaya, aka bar ƙaton rami a gaban biki shekaru. Kasuwar saye da sayarwa ta sosai kuwa sai a 2012 magajinsa Alberto Barbera ya buɗe ta. Ga kuma masu gida. Bayan cece-ku-cen kyaututtukan 2010, lokacin da Quentin Tarantino ya shugabanci alƙalai, ministan al'adu Sandro Bondi ya fito ya ce tunda gwamnati ke ba da kuɗi, yana son a riƙa jin ta bakinsa wajen zaɓen alƙalai.

Sauran tafiyar ta nuna iyakar abin da sanin mutane ke iya saya. A 2012 ya koma bikin Roma, wanda aka kafa a 2006 kuma shi da kansa ya taɓa yi wa kallon kishiyar Venice. Da goyon bayan magajin gari da gwamnar yankin ya shiga, bayan rikicin da ya sa shugaban gidauniyar bikin ya yi murabus. Ya mayar da bikin Nuwamba, ya dage sai fina-finan da ba a taɓa nunawa ba, a lokacin da Venice da Toronto suka riga suka kwashe na kirki. Siyasar birnin ta juya, kasafi ya ragu, ya tafi bayan bikin 2014. A Macao ma ya fi muni: ya shirya sabon biki na Disambar 2016, ya ajiye aiki a Nuwamba, saura makonni a buɗe, bayan saɓani da masu shiryawa.

Wanda ya kira shi bayan wannan shi ne Jia Zhangke. A Oktobar 2017 suka buɗe bikin Pingyao, tsohon gari mai ganuwa a lardin Shanxi, jihar da Jia ya fito, a harabar wata tsohuwar masana'antar injin dizal da aka mayar zaurukan kallo. A lokacin Jia ne mai biki, Müller ne mai zaɓen fina-finai, shekara goma sha ɗaya bayan Müller ya ɓoye fim ɗin Jia daga jadawalin Venice.